Mai sanƙon nan na tsofaffin finafinan Faransa, jarumi ne ko ɗan rakiya?

Ɗan Fagge: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Masu kallon tsofaffin finafinan Faransa ku taimaka min. Akwai wani mutum mai sanƙo da kumatu, in ya fusata sai idanunsa su firfito. Duk fim ɗin da na kunna sai na gan shi, yau ɗan sanda, gobe ɗan daba, jibi mijin da matarsa ke juyawa. Amma sunansa ba ya zuwa farko a rubutun buɗe fim. Wane ne shi?

Hajiyar Yamai: Wa alaikumus salam. Ba sai ka turo hoto ba ɗana, Bernard Blier kake nufi.

Mushe Mai Ritaya: Shi ne kam. An haife shi ranar 11 ga Janairu 1916, kuma ba a Faransa ba, a Buenos Aires ta Ajantina, don mahaifinsa masanin kimiyya ne na cibiyar Pasteur, aiki ya kai shi can. A Paris ya tashi. Louis Jouvet ne ya koyar da shi a babbar makarantar wasan kwaikwayo ta Paris, ya fara fitowa a fim gab da yaƙin duniya na biyu, har yana cikin Hôtel du Nord na 1938. Da yaƙi ya ɓarke aka ɗauke shi soja, Jamusawa suka kama shi a 1940 suka tsare shi a wani sansani a Ostiriya. Ya rasu 29 ga Maris 1989. Shekara hamsin yana gaban kyamara, finafinansa sun haura 150 nesa ba kusa ba.

Sarkin Gardama: Shekara hamsin, fim fiye da 150, amma har yau sai an shigo zaure an tambaya "wane ne shi?" To ai magana ta ƙare. Wa ya taɓa tambayar wane ne Alain Delon ko Belmondo? Mutum ya ƙare rayuwarsa yana riƙe wa wasu jaka.

Hajiyar Yamai: Kai dai ba ka gajiya. Ko gaisuwa ba ka yi ba ka fara.

Sarkin Gardama: Ina wuni Hajiya. Na gaishe ki, amma ina nan kan bakana.

Mushe Mai Ritaya: Bari in ba ka fim ɗaya ka je ka kalla, sannan ka dawo mu yi maganar jaka. Quai des Orfèvres, 1947, na Henri-Georges Clouzot. Sunan fim ɗin sunan titin da hedikwatar 'yan sandan ciki ta Paris take ne a lokacin. Clouzot ɗin ma an dakatar da shi daga sana'a bayan yaƙi saboda ya yi fim a kamfanin Continental na Jamusawa, wannan ne fim ɗin da ya dawo da shi, ya kuma ci kyautar gwanin darakta a bikin Venice.

Blier ya fito a Maurice, mai kaɗa fiyano, matarsa mawaƙiya ce mai son ta yi suna ko ta halin ƙaƙa. Suzy Delair ce matar. Tana kan dandamali tana rangwaɗa, maza na ihu, shi kuma yana zaune yana mata kiɗa. Ku lura da shi a wurin nan. Hannunsa na kan fiyano, bai kuskure ba, amma idonsa na bin duk namijin da ya kalle ta. Bai ce uffan ba, kai mai kallo ka riga ka san gidan nan ba lafiya. Daga baya ya ɗauki bindiga zai je ya kashe wani tsohon attajiri da ke nemanta, ya shirya shaidar ƙarya cewa yana gidan rawa a daren, ya isa ya tarar an riga an kashe mutumin, ya fito ya ga an sace masa mota. Komai ya taɓa sai ya lalace. Sufeton da ke tuhumarsa kuwa Jouvet ne, malaminsa na makaranta. Malami da ɗalibi a ɗakin tambayoyi, ɗaya na matsa, ɗaya na zufa. A daren Kirsimeti, cikin ɗakin tsaro, ya yanke jijiyar hannunsa. Yana da shekara 31 a lokacin, sanƙo har ya fara cinye gaban kai.

Ɗan Fagge: Kai! Baba ka ba da labarin har ƙarshe, me ya rage mana?

Mushe Mai Ritaya: Ban faɗi wanda ya yi kisan ba, kwantar da hankalinka.

Sarkin Gardama: Duk da haka Mushe, sunan wa aka fara rubutawa a fostar? Jouvet. Shi ke nan.

Mushe Mai Ritaya: Ya ja fim da kansa ai. L'École buissonnière na 1949, shi ne jarumin, malamin firamare a wani ƙauye na kudancin Faransa bayan yaƙin farko, wanda ya fitar da yara daga haddar dole, ya kawo musu ɗan injin buga takarda suna rubuta nasu suna bugawa. An gina labarin a kan aikin Célestin Freinet. Mu da muka riƙe alli mun san darajar fim ɗin nan. Sai Manèges na 1950, na Yves Allégret, shi da Simone Signoret: mai makarantar hawan doki da ya tsiyace a kan matarsa, tana kwance asibiti bayan haɗari, uwarta ta zaunar da shi ta faɗa masa yadda su biyun suka yi ta tatsar sa suna yi masa dariya. Rabin fim ɗin saurare kawai yake yi. Wanda zai iya riƙe mai kallo da saurare kaɗai, ni a wurina ya gama iya sana'a.

Abin da ke ba ni haushi shi ne abin da ya biyo baya. Daga shekarun 1960 ya faɗa hannun masu barkwanci, ya koma mai zare ido da kumfar baki. Sun cinye shi.

Hajiyar Yamai: A'a Mushe, a nan kam mun raba hanya. Wa ya cinye wa? Yau ka shiga kowane gida a Faransa ka ce Raoul Volfoni, za a yi dariya kafin ka rufe baki. Ka ce Maurice mai fiyano, sai dai tsofaffin malamai irinka.

Ɗan Fagge: Wane ne kuma Raoul Volfoni?

Hajiyar Yamai: Shi ne dai Blier ɗin, a Les Tontons flingueurs na 1963. Georges Lautner ya ba da umarni, Michel Audiard ya rubuta maganganun. Wani babban ɗan ta'adda zai mutu, sai ya damƙa harkokinsa da 'yarsa a hannun tsohon abokinsa da ya tuba ya koma sayar da injinan aiki, Lino Ventura ke nan. Raoul da ɗan'uwansa suna ganin su ya kamata su gada. To Raoul yana da baki. Zai tsaya ya yi ta lissafa yadda zai yi gunduwa-gunduwa da Ventura, ana ƙwanƙwasa ƙofa, ya buɗe, naushi ɗaya ya zube. Ba sau ɗaya ba. Kuma kowane karo sai ya tashi da mamaki, wai shi aka yi wa haka.

Sai wurin kicin, wanda duk Bafaranshe ya haddace. Yarinyar ta tara ƙawaye da samari ana casu a falo. Su Raoul sun zo da bindigogi da niyyar kisa, suka ƙare a kicin zaune da abokin gabarsu, manyan 'yan ta'adda suna shafa wa yara man shanu a burodi. Aka ɗauko wata tsohuwar barasar da aka dafa a ɓoye, Allah ya tsare mu. Raoul ne ya fara kurɓa. Ku dubi fuskar kawai: ya haɗiye, ya tsaya cak, ido ya kawo ruwa, muryar ta shaƙe, amma girman kai ya hana shi ajiye kofin. Ni ba na sha, ban san ɗanɗanonta ba, amma maƙogwarona sai da ya yi zafi.

Abin da nake so Mushe ya gane, mutum ɗaya ne da mai fiyanon nan nasa. Namiji mai ganin ya cancanci a girmama shi, duniya kuma ta ƙi. A 1947 ka tausaya masa, a 1963 ka yi masa dariya, amma shi bai canza komai ba. Bai taɓa nuna ya san abin dariya yake yi ba. Da ya yi murmushi sau ɗaya da wasan ya mutu.

Mushe Mai Ritaya: Hajiya kin iya magana. Amma fim nawa ya yi a kan wannan layin? Les Barbouzes a shekarar da ta biyo, da wasu birjik bayansa, har da waɗanda Audiard ya ba da umarni da kansa. Abu ya yi daɗi sai a yi ta maimaita shi har ya gundure.

Hajiyar Yamai: Wannan kam gaskiya ne, akwai na banza a ciki. Mutum mai iyali ne, aiki yake yi.

Direban Agadas: Ku ba ni wuri in sa baki, ni ba ɗan boko ba ne amma na san mutumin nan. Akwai fim ɗin direbobin manyan motoci a sahara, Cent mille dollars au soleil, 1964. A Maroko aka ɗauka. Belmondo ya sace sabuwar mota da kayanta, Ventura ya bi shi. Motocin Berliet ne, irin waɗanda tawagar kamfanin ta ratsa Tenere da su a 1959 zuwa 1960, tsofaffin direbobinmu sun san su. To duk lokacin da Ventura ya kafe a rairayi ko motar ta lalace, sai ga mai sanƙon nan ya ɓullo da tasa motar, a hankali, ba ya sauri. Zai ja shi ya fitar, amma sai ya gama yi masa ba'a tukuna. Wallahi duk wanda ya yi tuƙi a hanyar sahara ya san irin wannan mutumin. Kana jin haushinsa, kana kuma addu'ar Allah ya kawo shi. Belmondo kam ɗan fim ne, ba mu da irinsa a tasha. Amma wancan namu ne.

Ɗan Fagge: Allah ya ja kwana Baba Direba, wannan zan fara nema.

Sarkin Gardama: To ku tsaya. Duk abin da kuka lissafa na dariya, wa ya rubuta? Audiard. Tontons, Audiard. Na direbobin, Audiard. Marubuci ne ya yi shi. Ku ba kowane mai sanƙo waɗannan maganganun zai ba da dariya.

Ɗalibar Fim: Yaya Sarki, wannan hujjar tana da rami, kuma ramin sunansa Italiya. Blier ya yi finafinai da yawa a can, musamman da Mario Monicelli: La grande guerra na 1959 wanda ya ci Zakin Zinare a Venice, I compagni na 1963, Amici miei na 1975. A Italiya a wancan zamani ba a ɗaukar murya a wurin ɗaukar hoto, daga baya ake ɗorawa a situdiyo, kuma baƙin 'yan wasa wani ɗan ƙasa ne ke yi musu magana. Ma'ana Italiyawa ba muryarsa suke ji ba, ba kuma kalmomin Audiard ba. Fuska ce da jiki kawai suka rage masa. Da haka suka yi ta kiransa kusan shekara talatin, har suka ba shi kyautar David di Donatello ta mataimakin jarumi a 1986, a wani fim ɗin Monicelli ɗin dai. A Amici miei ya fito a wani ɗan fansho mai satar cin kek a shagon shayi, abokan nan suka ruɗe shi cewa su gungun masu safarar ƙwaya ne, ya yarda, ya bi su yana rawar jiki. Babu Audiard ko ɗaya a wurin.

Sarkin Gardama: Me ya kai shi Italiya in ba kasuwa ce ta ƙare masa a gida ba?

Ɗalibar Fim: Ba ƙarewa ta yi ba, tsarin ne haka. Bari in ɗan ja baya. Bayan yaƙi Faransa ta sa hannu a yarjejeniyar Blum da Byrnes da Amurka a 1946, wadda ta ware wa finafinan gida mako huɗu kacal cikin kowane sha uku a gidajen sinima, sauran a buɗe. Finafinan Hollywood da suka taru lokacin mamayar Jamus suka kwararo. 'Yan fim suka yi zanga-zanga a Paris a Janairun 1948, aka mayar da shi mako biyar, aka kuma sa haraji a kan kowane tikiti, kuɗin yana komawa ga masu shirya fim na gida ta hannun hukumar kula da finafinai ta CNC da aka kafa a 1946. Ko fim ɗin Amurka ka kalla, ka tallafa wa na Faransa. Sannan a 1949 aka ƙulla yarjejeniyar haɗin gwiwa da Italiya: ƙasashen biyu su haɗa kuɗi, fim ya zama ɗan gida a nan da can, amma dole kowace ta kawo mutanenta. Shi ya sa kake ganin Faransawa a finafinan Roma. Tontons ɗin ma haɗin gwiwa ne da Jamus da Italiya, shi ya sa yarinyar Bajamushiya ce.

Ga kuma yawan masu kallo. A 1947 an sayar da tikiti sama da miliyan 420 a Faransa, a 1957 ma ya haura miliyan 400. Mutum na zuwa sinimar unguwarsu a kai a kai, ya saba da fuskokin mataimakan jarumai kamar maƙwabta: Noël Roquevert, Julien Carette, Raymond Bussières, Robert Dalban. Dalban shi ne baran gidan a Tontons, kuma shi ne muryar Clark Gable a fassarar Faransanci ta Gone with the Wind. Masu shirya fim sun san jarumi ne ke sayar da tikitin yau, amma waɗannan ne ke sa fim ya cika. Talabijin ta shigo, zuwa 1970 tikitin ya faɗo ƙasa da miliyan 200, sana'ar irin waɗannan mutane ta fara ƙanƙancewa.

Mushe Mai Ritaya: 'Yata kin manta da yaran mujallar sharhin fim ta Cahiers du cinéma. Ɗaya daga cikinsu, François Truffaut, ya rubuta maƙalarsa a 1954 yana caccakar finafinan situdiyo da marubutansu. Da suka karɓi fage wajen 1959 suka fita titi da ƙananan kyamarori da sababbin fuskoki. Irin su Blier a wurinsu kayan iyaye ne.

Ɗalibar Fim: Haka ne Baba. Shi ya sa masu sharhi ba su yi wa Tontons kallon arziki ba da ya fito, amma mutum sama da miliyan uku suka shiga, talabijin kuma ta yi ta maimaita shi har jikoki suka haddace.

Sarkin Gardama: Duk na ji. Amma ga Louis de Funès. Shi ma shekara da shekaru yana ƙananan fitowa, wani lokaci minti biyu. A La Traversée de Paris na 1956 ɗan wuri kaɗan ya samu gaban manyan jarumai Jean Gabin da Bourvil. Yana da shekara hamsin ya fashe da fim ɗin jandarma a 1964, a 1966 La Grande Vadrouille ya tara mutum miliyan 17. A shekarar nan ma, a Le Grand Restaurant, de Funès ne jarumi, Blier ɗinku kwamishinan 'yan sanda a gefe. Wanda ya iya, ya haye. Wanda bai iya ba, ya zauna.

Hajiyar Yamai: Ka taɓa ganin mawaƙi ya yi waƙa babu 'yan amshi da makaɗa? In amshi ya karkace, komai zaƙin muryar ubangida waƙa ta watse. Kuma ba kowane ɗan amshi ke neman ya karɓe turu ba.

De Funès in ya shigo fim, kowa sai ya matsa masa. Ba za ka iya haɗa shi da Signoret a fim ɗin kuka ba. Blier kuwa ka sa shi gaban Gabin ya zauna daram, gaban Ventura haka, gaban Pierre Richard a 1972 haka, gaban Patrick Dewaere a Série noire na 1979 haka, inda ya fito a mugun ubangida mai murmushin mugunta. Zamani uku na jarumai suka wuce ta gabansa.

Mushe Mai Ritaya: Maganar Gabin ta tuna min. Les Misérables na 1958, Gabin ne Jean Valjean, Bourvil ne Thénardier, Blier ne Javert. Kusan mutum miliyan goma suka kalla a Faransa. Javert ɗinsa ba dogo ba ne mai ban tsoro, ma'aikacin gwamnati ne mai tumbi wanda ya yarda da doka fiye da yadda ya yarda da kansa. Wannan ya fi tsorata ni, don na yi aiki da irinsu. Sai Le Président na 1961, shi ne ɗan siyasa mai kwaɗayin kujera, Gabin na tona shi a majalisa yana zaune yana haɗiyar yawu.

Hajiyar Yamai: Wanda kuma Audiard ya rubuta, Mushe. Ka ga ashe ba duka ya cinye ba.

Mushe Mai Ritaya: Wannan kafin su gano cewa zare idonsa na kawo kuɗi ne.

Ɗan Fagge: Ni abin da na fahimta, kamar Pran ne a finafinan Indiya. Iyayenmu ba sa cewa fim ɗin wane, sai su ce "wanda Pran ya fito a kaza".

Sarkin Gardama: Pran aƙalla bos ne, ana tsoronsa. Wannan kullum shi ake mari.

Ɗalibar Fim: Karɓar mari a fim ai aiki ne Yaya. Naushin Ventura ba ya ba da dariya, kowa ya san ƙarya ne. Abin da ke ba da dariya shi ne daƙiƙa biyun da suka biyo baya a fuskar wanda aka nausa. In ya yi sauri ya lalata, in ya ja ya lalata. A makarantar Jouvet ake koyon wannan lissafin, a kan dandamali, gaban mutane masu rai, kuma bai daina wasan dandamali ba duk shekarun da yake fim.

Akwai kuma ɗansa, Bertrand Blier, da aka haifa a 1939, darakta ne da ya ci Oscar a 1979. Ya sa mahaifin a Buffet froid a shekarar, tare da Depardieu da Jean Carmet. Uban ya fito a sufeton 'yan sanda da ke zaune a wani dogon bene da babu kowa. Maƙwabcinsa ya zo yana faɗa masa maganar kisan kai, shi kuwa abin da ya dame shi kada a ɓata masa hutu, ya tashi daga aiki. Duk 'yan sandan da ya yi a baya ɗan ya tattara ya juya su. Baba Mushe, in kana neman inda barkwancin da kukan suka haɗu, nan ne.

Mushe Mai Ritaya: Na kalle shi. Sanyi gare shi da yawa, ba irin nawa ba ne. Amma ya yi wasa a ciki, ban musa ba.

Sarkin Gardama: Tambaya ta ƙarshe. Su Faransawan da kuke cewa sun haddace shi, kyauta nawa suka ba shi?

Ɗalibar Fim: An fara César, babbar kyautar finafinan Faransa, a 1976. An sa shi a jerin mataimakin jarumi saboda Série noire, bai ci ba. Sai ta girmamawa da aka ba shi ranar 4 ga Maris 1989. Ciwon daji ya riga ya cinye shi, ya rame har kumatun sun tafi. Michel Serrault ne ya miƙa masa, zauren ya miƙe tsaye. Kafin watan ya ƙare ya rasu.

Sarkin Gardama: Kun gani? Sai da suka ga zai mutu.

Hajiyar Yamai: Wannan laifin masu ba da kyauta ne, ba nasa ba. De Funès ɗinka ma ta girmamawar aka ba shi a 1980, bai ci ta gasa ba.

Sarkin Gardama: Shi miliyan 17 ta ishe shi.

Mai Zaure: To jama'a, dare ya yi, kuma na ga Sarki ba zai sauka ba ko za a kwana. Ga yadda za a yi: wannan makon kowa ya nemi Quai des Orfèvres, mako mai zuwa Tontons, sai mu dawo ranar Asabar ta biyu bayan isha'i. Wanda bai kalla ba kada ya sa baki, Sarki da kai nake.

Ɗan Fagge: Mu da ba mu jin Faransanci fa, ranka ya daɗe?

Hajiyar Yamai: Na 1947 ba matsala, fassarar ƙasan allo ta wadatar. Tontons ne wahala, rabinsa yaren 'yan ta'addan Paris ne, mu ma da muka yi lakwal sai mun maimaita wasu wuraren. Ka kalla da fassarar, inda ka ga ba ka gane abin dariyar ba ka rubuto mintin, ni da Mushe za mu warware maka.

Mushe Mai Ritaya: Ita dai za ta warware. Ni na 1947 na ɗauka.